Tunau Magini da Madatsar Kwanaki

A garin Kafin Gora aka yi wani magini, sunansa Tunau. Shekara talatin da huɗu yana gini, bangonsa ko ɗaya bai taɓa faɗuwa ba. Don haka aka naɗa masa rawanin Sarkin Magina. Mutum ne marar yawan magana. In ka tambaye shi sirrin aikinsa, abu ɗaya zai ce maka: "Ɗori ɗaya, kwana uku." Wato in ya jera tubali sahu guda ya liƙe da ƙasa, sai ya sauko ya bar shi ya sha rana kwana uku kafin ya ɗora wani a kai. Ko wane ne ke gaggawa, Tunau ba ya rage ko wuni.

Ana nan, mai gari Barau ya sa shi gina sabon zaure. Ya gina, ya ja bakan gizo mai ɗauke da rufi, ya shafe da makuba. Ranar da za a shiga, da hantsi, jama'a sun taru a ƙofa, sai zaure ya yi wata ƙara ya zube. Allah Ya kiyaye, ba kowa a ciki sai buzun mai gari da butarsa.

Da ƙura ta lafa, Tunau ya taka cikin ɓaraguzai, ya ɗauki dunƙulen bango ya fasa. Waje ya bushe. Ciki ɗanye sharaf.

Akwai wani magini, Jatau, wanda a da shi ke jefa wa Tunau tubali in yana bisa katanga. Yanzu yana cin gashin kansa, baki ya buɗe. Ya matso ya ce, "Baba Tunau, in hannu ya gaji ai sai a faɗa. Ba abin kunya ba ne. Zaki ma tsufa yake yi."

Tunau ya ce, "Kwana uku na ba kowane ɗori."

"Ka ƙirga da kyau kuwa, Baba?"

Aka yi dariya. Mai gari ya ɗaga hannu, aka yi shiru. Ya ce, "Tunau, ba ni da ja a kan aikinka na baya, amma ga abin da ido ya gani. Kwance rawanin nan ka ajiye a wurina. Saura kwana sittin ruwan fari ya sauka. In ka tsai da zauren da zan shiga da zuciya ɗaya kafin nan, ka ɗauki abinka. In ba haka ba, na Jatau ne."

Tunau ya kwance rawani, ya naɗe shi, ya ajiye. Ya ce, "Ranka ya daɗe, a adana mini shi da kyau." Ya juya ya tafi gida.

Matarsa Tabawa daddawa take yi ta sayarwa. Ya same ta a tsakar gida ta buɗe kwando ta yi tagumi. Ta ce, "Maigida, na ji labari. Ni ma nawa ginin ya rushe. Tun ina amarya nake rufe kalwa kwana uku ta tashi daddawa. Dubi wannan. Kwananta uku, amma sai ka ce jiya na sauke ta daga wuta."

Tunau ya ɗebo ya sansana. Ya ce, "Tun yaushe?"

"Tun bara. Kuma ba ka lura ba? Ina ɗora ruwan tuwo, bai tafasa ba ladan ya kira azahar."

Tunau ya ce, "Ke nan ba hannuna ba ne. Kwanakin ne suka rasa auki."

"Ai kowa haka yake cewa, lokaci ba shi da albarka yanzu."

"Kowa faɗa yake yi ya koma ya zauna. Abin da ya ragu, wani wuri yake zuba. Sai na ga wurin."

Washegari ya tafi tsohon kududdufin da kakansa ya riƙa ɗibar ƙasa, don neman jar ƙasa mai danƙo. Rani ne, ƙasan ya bushe. Yana cikin haƙa sai fartanya ta bugi tubali. Ya share, sai ga bakin wata magudana, gini mai kyau, mutum zai shiga a sunkuye. Wani abu na tsiyayowa daga ciki kamar ruwa, amma ba ya jiƙa ƙasa, yana fitowa yake bin iska. Tunau ya tsoma ɗan yatsa ya fitar. Farcensa ya tsiro kamar ya yi mako bai yanke ba.

Ya duba bangon magudanar. Ga shatar inda ruwan ya saba kaiwa, can sama da kamu guda. Yanzu rabi yake gudu. Magini ba ya bukatar a karanta masa irin wannan.

Ya koma gida ya ɗauki gorar ruwa da goro uku da wata butar ƙasa ta Tabawa. Ta ce, "Ina zuwa?"

Ya ce, "Gyara."

Ya yi bismilla ya shiga. Akwai ɗan dakali a gefen ruwan, shi ya bi, bai bari ƙafarsa ta taɓa ba. Ya yi ta tafiya a sunkuye har bayansa ya ƙage, sa'an nan ya ɓulla a wata ƙasa. Haske ko'ina, amma ba rana a sama. Magudanai dubbai suna tafe bisa ginshiƙai, wata ta haye wata, kowace ta nufi garinta. A bakin kowace akwai jigo, irin na masu lambu, amma tsawonsa ya fi giginya.

A jigon da ke gabansa wani aljani ne tsaye, dogo, siriri, hannunsa ɗaya ya kai ƙasa. Tunau ya yi masa sallama. Aljanin ya amsa ya ce, "Ya kai ɗan Adam, wa ya nuna maka ƙofa?"

"Fartanya. Kai ne wa?"

"Ni ne mai jigon Kafin Gora. Daga wannan kwarmi nake ɗebo guga in juye a magudanarku. Guga ɗaya, kwana ɗaya. Tun da aka kafa garinku ban taɓa fashi ba."

Tunau ya leƙa kwarmin, ya ga ruwan ya ja ƙasa. Ya ce, "Gugan naka rabi yake fitowa."

"An umarce ni in ɗebo. Ba a umarce ni in leƙa ba."

Tunau ya dube shi sama da ƙasa. Ya ce, "Da a ƙarƙashina kake aiki da tuni ka koma kiwon awaki. Daga ina ruwan ke zuwa?"

Aljanin ya yi dariya, ginshiƙai suka amsa. Ya ce, "Daga Madatsar Kwanaki. Bi hanyar ruwan nan ka yi sama. Amma ka sani, a gabanka akwai Fadamar Gaggawa, bayanta akwai Tudun Tsai. Ba wanda ya taɓa ƙetare su da numfashi."

Tunau ya ce, "Ba magini ne ya gwada ba."

Ya kama hanya. Bai yi nisa ba ya iso fadamar. Nan ne kwanakin da suka ɓalle suke taruwa. Ya tsaya a baki yana kallo. Ƙwallon kanya ya faɗi, ya tsiro, ya yi itace, ya zub da 'ya'ya, ya bushe, ya kife, duk kafin Tunau ya gama tauna goro. Wata 'yar barewa ta faɗa ciki da gudu. A tsakiya ta zama uwa. Kafin ta kai gaɓa sai ƙasusuwa.

Tunau ya tsuguna. Ya tara ƙasa, ya kwaɓa da ruwan gorarsa, ya cura tubali ya jefa. Yana faɗawa ya bushe kamar dutse, kansa a waje. Ya ce, "Madalla." Ya cura da yawa ya zuba a riga. Ya jefa ɗaya ya taka, ya jefa ɗaya ya taka. Feshi ya taɓa takalmansa, fatar ta zube gari. Ya taɓa gorar, ta ruɓe a kafaɗarsa. Goron da ke aljihu ya fasa ya fid da ganye. Butar Tabawa ce kawai ba abin da ya same ta, don gasasshiyar ƙasa ba ta jin tsoron kwanaki. Da ya ga haka, sai ya kama ta ta wuya ya cika ta daga fadamar. Ya haye.

Sai ga Tudun Tsai. Nan ko ɗigon kwanaki ba ya zuwa, ba abin da ke motsi. Wata kurciya na rataye a sama da fukafukai a buɗe. Ganye ya baro reshe bai kai ƙasa ba. Ga wani falke da jakinsa, ƙafa ɗaya a sama, bakinsa a hangame.

Tunau ya ɗiga abin da ke cikin buta a hularsa, ya yi taku. Ya ƙara ɗigawa, ya ƙara taku. Da ya zo wajen falken sai ya yarfa musu shi da jakin.

Falke ya ƙarasa maganar da ya fara: "...jakin banza!" Ya ga Tunau, ya ce, "Bawan Allah, kasuwar Kafin Gora ta ci kuwa? Ina son in riski Gora da kansa, an ce ya fara kafa gari."

Tunau ya ce, "Ka makara kaɗan. Kama wutsiyar jakinka ka biyo ni."

Haka suka tafi, ɗigo ɗaya taku ɗaya, har suka fita. Ɗigon ƙarshe ya ƙare daidai bakin tudu. Ya sallami falken da jakinsa, shi kuwa ya yi gaba.

Tun daga nesa ya ji rurin Madatsa. Da ya iso ya ɗaga kai, hularsa ta faɗi. Bango ne da ido ba ya kai ƙarshensa, gabas ko yamma. Ƙofofi ne a jikinsa ba iyaka, kowace da makullinta na dutse, kowace na sakin ruwa daidai gwargwado. Bayan bangon kuwa tafki ne ba gaɓa, duk kwanakin da ba su zo ba tukuna a ciki suke kwance. Kusa da ƙofar Kafin Gora bangon ya tsage tun daga sama har ƙasa, ruwa na tsartuwa yana gangarawa fadama. Aljanu kamar tururuwa suna liƙa ƙasa, tana zamewa.

A bisa wani dutse wani ƙato na zaune, gemunsa kamar hadari, idanunsa kamar bakin rijiya. Shi ne Uban Madatsa. Ya ce, "Ya kai ɗan Adam mai gajeren kwana, me ya kawo ka inda ake auna kwanaki?"

Tunau ya yi sallama, bai durƙusa ba. Ya ce, "Ya shugaban mutanen ɓoye, zaurena ya faɗi saboda bangonka. An karɓe mini rawani. Na zo in ga wanda ya yi wannan aiki."

Aljanu suka tsaya cak. Uban Madatsa ya ce, "Ni na gina ta, da iznin Wanda Ya ba ni tsaronta. Kafin a ƙifta ido na tashe ta daga harsashi har ƙoli. Sau saba'in na toshe wannan tsaga, sau saba'in tana buɗewa. Kana da abin cewa?"

"Sai na taɓa."

Tunau ya naɗe hannun riga, ya je wajen da bangon yake lafiya, ya dunƙule hannu ya danna. Hannu ya shige har gwiwa. Ya zaro da ƙasa a tafinsa tana ɗiga. Ya ɗaga ta sama kowa ya gani.

Ya ce, "Shekarar ginin nan nawa?"

"Tun ba a haifi kakan kakanka ba."

"Har yau ɗanye ne."

Uban Madatsa ya miƙe, inuwarsa ta rufe wurin. Ya ce, "Na shafe ta ciki da waje da abin da kwanaki ba sa ratsawa. Ko ɗigo bai taɓa shiga jikinta ba. Na yi haka ne don kada ta tsufa."

Tunau ya yarfe hannunsa. Ya ce, "Abin da bai tsufa ba bai bushe ba. Kun iya sauri, ba ku iya jira ba. Ɗanye kake ɗorawa bisa ɗanye. Ko sau dubu ka toshe, buɗewa za ta yi."

Can Uban Madatsa ya koma ya zauna. Ya ce, "Faɗi yadda ake yi a wajenku."

"A rufe wannan yanki, a rushe tsagar har harsashi. A ɗora ɗori ɗaya, a bar shi ya sha kwanakinsa, sa'an nan a ɗora wani. Bangon gidan mutum kwana uku yake sha. Wannan, da kaurinsa, shekara guda. Ɗori goma sha biyu ne."

"To, a jira shekara goma sha biyu."

"Ba ni da su a can. Saura kwana hamsin da 'yan kai ruwan fari ya sauka a garinmu. Indararo zan kafa daga tafki, in sako wa kowane ɗori shekararsa a kai, nan take."

Uban Madatsa ya ce, "Wa zai san ya ƙoshi? In ya yi kaɗan ɗanye ne, in ya yi yawa ya zama gari. Mu kwanaki ba sa kama jikinmu. Hannunmu ba ya rarrabe ɗanye da busasshe."

"Nawa yana rarrabewa."

"Ya kai ɗan Adam, ka san abin da kake faɗa? Wanda ya dafa bangon nan ana sakin ruwa, abin da bango ya sha shi ma ya sha. Shekara goma sha biyu za ka bari a nan."

Tunau ya ce, "Ina da su?"

"Wannan ba a hannuna yake ba. Ni mai tsaron ƙofa ne. Ƙasan tulun kwanakin kowa, Allah kaɗai Ya san shi."

Tunau ya dubi tafin hannunsa. Shekarunsa hamsin da shida, gemunsa baƙi ne sai 'yar furfura. Ya tuna dariyar ƙofar mai gari. Ya ce, "A kawo ƙasa."

Aljanu suka kawo ƙasa daga duwatsu bakwai. Suka kwaɓa, ya taka ya ce ba ta yi ba. Suka sake, ya ce a ƙara ciyawa. Wani ya kawo tubali dubu a tafi ɗaya zai watsa, Tunau ya daka masa tsawa: "Ɗaya ɗaya! Kai a gidanku haka ake yi?" Suka riƙa jerawa yana bi yana gyara zama. Da sahu ya cika ya dafa shi da tafi biyu, ya ce, "Saki."

Ruwa ya kwararo ta indararo. Ya ji sanyin ƙasa na janyewa a ƙarƙashin hannunsa, a hankali, har ya ƙare. Ya ƙwanƙwasa da gaɓar yatsa, bango ya amsa da ƙarar ƙarfe. Ya ce, "Rufe."

Ɗori na farko bai ji komai a jikinsa ba. A na huɗu haƙori ya faɗo, ya tofar ya ci gaba. A na bakwai gwiwoyinsa suka fara ƙara in ya miƙe. A na goma gemu ya yi fari fat, idonsa ya fara ganin hazo.

Uban Madatsa ya sauko daga dutsensa. Ya ce, "Ya isa, ya kai magini. Goma sun bushe, ruwa ba ya kai na sama sai jefi-jefi. Bari mu ɗora biyun da suka rage yadda muka saba, ka tafi da shekara biyu a hannu."

Tunau ya ce, "In an tambaye ka wa ya yi gyaran nan, me za ka ce?"

"Tunau na Kafin Gora."

"To, Tunau ba ya barin ɗanye a sama. Saki."

Aka saki na goma sha ɗaya. Aka saki na goma sha biyu. Ya ƙwanƙwasa, ya kasa kunne, ya ce, "Rufe." Sai da aka kama shi ya sauko. Aka buɗe yankin, tafki ya dawo ya jingina da sabon gini da duk nauyinsa. Ko gumi bangon bai yi ba. Ƙofar Kafin Gora ta cika har shatarta.

Tunau ya zauna ya huta. Ya ce, "Saura abu ɗaya. Sauran bangon naka duk ɗanye ne. Ka kankare wannan shafen, ka huda wuriya ƙanana a jikinsa daga nan har ƙarshe, yadda kwanaki za su riƙa ratsa shi kaɗan kaɗan. Bar shi ya tsufa kamar kowa. Zai daɗe."

Uban Madatsa ya sunkuyar da kai, abin da aljanunsa ba su taɓa gani ba. Ya ce, "An ji, Sarkin Magina. Shekarunka ba zan iya mayar maka ba, ruwa ba ya komawa tudu. Amma roƙi abin da kake so. Ga zinariya. Ga wuri a gefen Tudun Tsai inda tsufa zai daɗe bai ƙara taɓa ka ba."

"Na ga masu zama can. Baki a hangame." Ya miƙa butar Tabawa. "Zuba mini shekara ashirin a nan, ka toshe bakin da kyau."

Aka zuba, aka toshe. Wani aljani ya ɗauke shi a kafaɗa ya tsallake tudu da fadama, ya sauke shi a bakin jigo. Mai jigon na sunkuye, kansa cikin guga. Ya ɗago ya ce, "Ya cika har baki. Yanzu ina leƙawa."

Tunau ya ce, "Ka fara zama ma'aikaci."

Ya bi dakali ya fito a kududdufi da hantsi. Kwana tara ke nan da tafiyarsa a lissafin gari. Ya shiga gida yana dogara sanda. Tabawa na tankaɗe, ta ɗago ta ce, "Baba, lafiya? Maigidan ba ya nan."

Ya ajiye butar a gabanta. Ta dubi buta, ta dubi hannun da ya ajiye ta, babban yatsan nan mai faɗi da alamarsa ke bisa kowane tubali na gidanta. Rariya ta faɗi daga hannunta.

"Inna lillahi! Maigida, wa ya yi maka haka?"

"Ni."

Ya gaya mata kome, a taƙaice. Ta share hawaye da bakin zane, ta ce, "Shekara goma sha biyu ka bayar saboda bango?"

"Bango ƙasa ne. Saboda suna."

"Sunan zai ci tuwo tare da ni in ka riga ni?"

Ya ce, "Waɗanda suka rage mana cikakku ne, Tabawa. Jiƙa kalwa."

Ran nan ladan ya fito sau uku yana duba inuwa, azahar ta ƙi yi. Mata suka gama daka, suka gama tuwo, suka yi kitso, rana na nan. Tsofaffi suka ce albarka ta dawo. Ba wanda ya tambayi ta ina.

Tunau ya koma ƙofar mai gari. Da ƙyar aka gane shi. Jatau ya riƙe baki ya ce, "Kai! Baba, baƙin ciki ne ya mai da kai haka cikin kwana tara? Da ka bar mini aikin ka huta."

Tunau ya ce, "Share harsashi."

Ya fara. Hannu na rawa in ya ɗauki tubali, amma in ya ajiye ya zauna daidai. Ɗori ɗaya, kwana uku. Hadari ya fara leƙowa daga gabas, mutane na cewa ya hanzarta, bai ko waiwaya ba. Ya ja bakan gizo, ya jera azara, ya rufe, ya shafe. Ana saura kwana biyu wa'adi ya cika ya sauko.

Jama'a suka taru. Mai gari ya zo bakin ƙofa ya tsaya, ƙafa ta ƙi shiga. Ya ce, "Tunau, wancan ma haka ya yi kyau a ido."

Jatau ya ce, "Ranka ya daɗe, gini sai ya shekara ake yabonsa. Wa ya san abin da zai yi baɗi?"

Tunau ya ce, "Shekara nawa za ta ishe ka?"

"Ko goma."

"Na ƙara maka goma. Kowa ya ja baya."

Ya sa aka shimfiɗa sabuwar tabarma a ciki. Ya hau tsani da kansa ya ajiye butar a ƙolin zaure, ya sauko. Ya karɓi doguwar gora, ya tsaya daga nesa, ya buge ta. Buta ta fashe.

Abin da ke ciki ya malalo ta ko'ina. Ana kallo makuba ta yi duhu. Ƙyauren ya koɗe. Tabarmar ta yi baƙi ta zama gari. Wani ɗan tsiron ceɗiya da ke gefen bango, wanda bai kai gwiwa ba, ya miƙe ya yi rassa ya rufe rabin fili da inuwa. Mata suka yi salati, maza suka ja da baya. Da abin ya bi iska, zaure na nan tsaye. Ko tsagar da allura za ta shiga babu.

Tunau ya taka ya shiga, ya tsaya a tsakiya ƙarƙashin bakan gizo, ya bugi bango da sandarsa. Bango ya amsa. Ya ce, "Ranka ya daɗe, ga shekara ashirin. Shigo."

Mai gari ya shiga. Ya dubi sama, ya daɗe yana dubawa. Ya aika aka kawo rawani, ya miƙa da hannu biyu. Tunau ya warware ya duba ko asu ya taɓa, sa'an nan ya naɗa da kansa.

Jatau ya zo ya tsuguna. Ya ce, "Baba, a yafe mini. Me aka zuba a ƙasar nan?"

"Ba a zuba kome ba. Ɗori ɗaya, kwana uku. Na gaya maka tun kana jefa mini tubali. Gobe ka zo da fartanyarka."

Ya tafi gida a hankali, ɗigon ruwan fari na bugun rawaninsa. Tabawa ta ajiye masa tuwo da miyar kuka. Ya wanke hannu, ya kai loma, ya tauna da haƙoran da suka rage.

Ya ce, "Daddawar ta yi."

Ta ce, "Kwana uku."

Ya gyaɗa kai, ya ƙara loma.

Nan labarin Tunau ya tsaya. Wanda ke gaggawa ya je ya gina nasa.